Hawayen da Aka Liƙa wa Hamma Bube

Salama gare ku, 'yan wannan zaure. Yau tsohuwa ce ta karɓi fage, da tabarau da yatsa ɗaya, don haka wanda ya ga harafi ya karkace ya yi mini uzuri. Sunana Mairama. A Kankia nake zaune, bayan tasha, amma a rugarmu ta Kaikai aka binne cibiyata, can ƙasar Kusada. Abin da ya sa na ɗauki waya kuwa, saƙo ne ya shigo mini shekaranjiya ina tsaka da tankaɗe, daga lambar da ban sani ba:

"Salam Mama, ina wuni. Sunana Rahamatu, ɗiyar Alhaji Ɗanmaliki furodusa. Muna haɗa fim na tarihin Baba, ya haura shekara hamsin yana shirya fina-finai da wasannin talabijin. An ce ke ce budurwar da ke cikin fim ɗinsa na farko. Don Allah mu zo mu ɗauke ki ko na minti biyar ne, ki faɗi alherinsa."

Alherinsa! Sau uku na karanta, na ajiye rariya, na yi dariyar da ta watsa mini kaji. Kafin in gaya muku amsar da na ba yarinyar nan, bari ku ji alherin da uban nata ya yi mini.

Ku yaran yanzu da farin gemu kuka san shi, yana zaune a sahun gaba ana miƙa masa lambar yabo. Ni na san asalinsa. Ɗan wani mai awon hatsi ne a kasuwar Kankia. Shekarar da aka samu mulkin kai motar majigi ta kwana a garin, da za ta tashi ta tashi da shi. Ga wanda bai riski majigi ba, sinimar gwamnati ce a bayan Landiroba: a kafa farin ƙyalle a bakin kasuwa, a tada janareta, a haska hoto, mutum ɗaya yana bayani da lasifika. Da naɗe waya ya fara. Da yake Allah ya yi masa baki, aka miƙa masa lasifikar. Daga nan aka ja shi Kaduna, gidan talabijin, har ya kai shi ke cewa a ɗauka, shi ke cewa a tsaya.

Shekarar da aka canja fam zuwa naira, da kaka, ya zo Kusada ɗaukar sharo. Wando mai faɗin ƙafa yana share ƙasa, suma tuli guda, baƙin tabarau, ga mutum uku suna biye da shi da na'ura mai ƙafa uku. Mu 'yan mata muka yi ta ƙunshe dariya, wata ta ce wannan in iska ta taso wandon ne zai fara tashi da shi.

Ni a ranar ba ta shi nake ba. Shekarata sha takwas, na sha farar 'yar rigata ta saƙi mai jan zare a ƙirji, da zanen saƙi, da tsakiya har sahu biyar a wuya, Inno, mahaifiyata, ta jera mini kwabbai a kitso suna ƙara in na juya kai. Duk saboda mutum ɗaya na yi wannan ado, Hamma Bube, ɗan Baffa Manu, yayan mahaifina marigayi. An riga an ba shi ni, har an nuna saniyar sadakina. Dogo ne, ba ya magana biyu, in ya yi murmushi gefe ɗaya na bakinsa ke ɗagawa. Ina son sa, kuma ko yau da ba ni da haƙoran kirki ba na jin nauyin faɗa.

Sharo dai kun ji labarinsa. Saurayi zai tuɓe riga, ya ɗaga hannuwa, ya riƙe ɗan madubi yana duban fuskarsa, abokin karawarsa ya zabga masa tsumagiyar tsamiya a haƙarƙari. In fuska ta motsa ko hawaye ya zubo, ya zubar da kansa da gidansu. Wanda ya buga kuma dole ya tsaya a rama, wannan ita ce dokar.

Ga abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba sai ku. Ina sahun gaba na 'yan mata, daidai bayan Hamma. Da na ga tsumagiya ta tashi sama, zuciyata ta kasa, na rufe fuska da tafukana biyu. Na ji ƙarar, na ji guɗa, sannan na buɗe. Sau uku aka buge shi, sau uku na rufe. Da aka tashi ana ta yabon sa, ni ma ina ciki ina cewa ai ko gezau bai yi ba, alhali ban ga komai ba.

Wata biyar bayan haka aka yi shela majigi zai nuna sharonmu a kasuwar Kusada. Muka taho rugage-rugage da tabarmi. Kowa ya ga kansa a ƙyalle sai ihu, tsofaffi suna salati. Can sai ga Hamma, ya ɗaga hannu. Tsumagiya ta sauka. Nan take fuskarsa ta cika ƙyallen nan kaf, ido jawur, hawaye layi biyu suna gangarowa har haɓa. Kafin mu farfaɗo sai ga ni, na dunƙule fuska cikin hannu. Mai bayani ya ja murya ya ce, "Ayya, namiji ya karaya, budurwa ta rasa inda za ta sa kanta!"

Kasuwa ta ɗauki dariya. Abin da ya fi ci mini rai shi ne mutanen da aka yi sharon a gabansu, su suka fara ja da baya. Sai ka ji dattijo yana cewa, "To, mu muna nesa, na'ura ta hi mu ido." Hamma ya gaya wa Baffa Manu sau ɗaya cewa haske aka sa masa a ido bayan an tashi. Samari suka ce wane haske, ga sanda ga hawaye kowa ya gani? Bai sake maimaitawa ba.

Washegari da safe ina tatsa ya zo ya tsaya a kaina, da sandarsa a kafaɗa.

"Mairama."

"Na'am, Hamma."

"Ke kina gaba rannan. Kin ga hawaye a idona?"

Da na ce a'a, da ƙarya ce mai kyau. Da na ce na rufe ido ne don ba ni iya ganin ana dukan ka, da gaskiya ce mai kyau. Ni ba wadda na zaɓa a ciki. Na sunkuyar da kai ina kallon ƙwarya, na ce, "Ban sani ba, Hamma."

Gefen bakin nan ya ɗaga, ya ce, "To, madalla." Kwana biyu ya ware shanunsa ya yi kudu, bai yi sallama da kowa ba.

Shekara uku ba shi ba labarinsa. Fari ya cinye mana rabin garke, na koma kai nono tashar Kankia. Masu nema sun zo, na kore su da fuska. Rannan ina zaune gindin ƙwaryata sai wata farar Fijo ta ci burki a gabana, ƙura ta shiga mini nono. Na ɗago zan yi masifa, sai ga baƙin tabarau.

"Ikon Allah! Ke ce! Yarinyar fim ɗina, mai kwabbai a kai. Kin san sau nawa na kalle ki a ɗakin aiki?"

Na ce, "Nono za ka saya ko ƙura ka kawo?"

Ya tuntsire da dariya, ya saye ƙwaryar duka. Mako bai zagayo ba Fijo ta iso Kaikai, tana tsalle a kan kunyoyi. Lokacin ba a daɗe da ƙarin albashin Udoji ba, ma'aikata suna ta fantamawa. Ya kawo atamfa turmi uku, da sabulun wanka mai ƙamshi, da rediyo mai jakar fata, da buhun shinkafa. Inno ta rataye rediyon nan a dirkar bukka, ko ba batir sai ta goge shi.

"Ke wai mi kike jira?" in ji ta, tana kaɗa nono ba ta kalle ni ba. "Sa'anninki duk da goyo. Wanda ya tahi ya tahi, ko saƙon gaisuwa bai aiko ba. Wanga ko kaɗo ne, ai musulmi ne, kuma ɗan mutunci."

"Inno, shi ya kawo na'urar da ta kori Hamma."

"Na'ura ta nuna abin da ta gani. In madubi ya nuna maki ƙurji, sai ki fasa shi?"

Gaskiya a lokacin ban tsani Ɗanmaliki ba, na'urar na tsana. Shi dai surutunsa ke gundurata. In ya zo zance da la'asar sai ya baje a tabarma gindin kanya, ya yi ta ba ni labarin Kaduna: wasan kwaikwayon da ya shirya na mako-mako, Baturen da ya koya masa aiki, yadda 'yan wasa ke rawar jiki in ya daka tsawa. Ni kuwa ina tsifar igiya ina cewa uhm.

Ranar wata Alhamis ya zo da wani gwangwani mai faɗi kamar faifai. Ya ce yau zai nuna mini sana'arsa, don in san wa zan aura. Ya zaro wani dogon abu baƙi mai sheƙi, ya ɗaga shi saitin rana. Na leƙa, sai ga ƙananan hotuna a jere, Hamma ne a ciki, ƙanƙane kamar ƙwayar gero. Na dake.

"Wanga ragowar fim ɗin sharo ne, abin da na yanke na aje," in ji shi. "Mutane na zaton na'ura ke yin fim. Reza ke yin fim, Mairama. Kin ga nan? Da hantsi aka ɗauke shi, ana dukan yaron. Wanga kuma da azahar, bayan an watse. Na yanke nan, na yanke nan, na liƙa su. Shi ke nan, sun zama lokaci guda."

Na ce, "Hawayen fa?"

"Yawwa, nan gwanintar take!" Ya gyara zama har yana buga cinya. "Yaron nan dutse ne, an buge shi sau uku yana murmushi. To wa zai kalli dutse? Babu labari. Sai na ja shi bayan wata bishiyar kuka, na ce za mu ɗauki fuskarshi kusa. Muna da wani allo mai ƙyalli da ke maido hasken rana. Na sa aka saita mashi a ido, na ce, kalli nan, kada ka kifta. Kin san ku da kunyar baƙo. Ya kafe ido, bai ce uffan ba, har ruwa ya zubo. Wallahi da manyanmu suka gani tafi suka yi. Da hawayen nan aka ƙara mani girma." Sai ya dube ni. "Ɗan'uwanku ne ko? Ina yake yanzu?"

"Ɗan'uwa ne. Ya tahi kiwo."

"Ki gaishe shi in ya dawo. Ya iya wasa."

Jama'a, igiyar da ke hannuna sai da ta yanke ni ban ji ba. Shekara uku ina zargin idon Hamma, ina zargin nawa, ashe ga mai rezar nan yana shan furar Inno. Na so in kwashe shi da mari. Na so in ruga in gaya wa Baffa Manu. To amma wa zai ɗauki maganar budurwa ya bar abin da ya gani a ƙyalle? Gani ya kori ji. Abin da hoto ya ɓata, sai hoto. A gindin kanyar nan na yi alkawari tsakanina da raina: inda aka yi wa Hamma dariya, nan mutumin nan zai tsaya a kalle shi.

Na ɗago na yi masa murmushin farko tun da ya fara zuwa. Bawan Allah har tabarau ya cire.

Na riga na san inda ke masa ƙaiƙayi. Duk girmansa a Kaduna, in ya shigo Kankia "ɗan majigi" ake ce masa, kuma abin na cin sa. Zuwansa na gaba na shimfiɗa masa sabuwar tabarma, na dama fura da kaina.

"Ni kam an ɓata mani rai a tasha," na ce.

"Wa ya isa?"

"Direbobi. Wai in bar ruɗin kaina, ba ka iya komi ba. Wai inji ke aikin, kai waya kawai kake riƙewa, kamar da."

Ludayi ya tsaya masa a hanya. "Ni? Ni ke riƙe waya?"

"Haka suka ce. Na rasa abin da zan ce masu, tunda ni kaɗai ka nuna wa. Ni dai ba ni auren wanda ake rainawa. In kana so a sa rana, ka kawo majigi Kusada, ka nuna wa mutane abin da ke cikin gwangwanin nan, ka yi masu bayani da bakinka yadda ka yi mani. Kowa ya san aikin kai ne."

Kada ku ce wauta ce ta kama shi. Mutumin nan har ga Allah bai ɗauka ya yi laifi ba. A wurinsa sharo wasan samari ne da ake mantawa kafin damina, hawayen kuwa ado ne ya ƙara wa fim. Ya tashi a Kankia, nononmu ya sha ya girma, amma bai taɓa tambayar me hawaye ke ci wa Bafillace ba. Ya ce ba ma wannan ba, har hakimai zai gayyato. Na ce a'a, mutanen rugage dai sun isa. Baki shi ke yanka wuya.

Inno ta yi ta murna har da guɗa. Ranar ta fito mini da atamfar da ya kawo, ni kuwa na buɗe ƙasan akwati na ɗauko 'yar rigata ta saƙi mai jan zare. Ta ɗan matse ni, na sa ta a haka.

"Wanga tsumman za ki sa gaban surukai?"

"Shi nike so, Inno. Ki jera mani kwabban."

Ya aro motar majigi wurin tsofaffin abokan aikinsa. Duhun magariba na sauka aka tada janareta, a daidai wurin da aka kafa ƙyallen wancan karon. Kasuwa ta cika. Na hango Baffa Manu a gefe, ya rufe rabin fuska da rawani, dole ce ta kawo shi don shi ne waliyyina. Can bayan mata ga Goggo Hawwa'u, mahaifiyar Hamma, wadda tunda ta haife shi ba ta taɓa kiran sunansa ba saboda kunyar ɗan fari. Ɗanmaliki ya sha farar shadda, ya karɓi lasifika.

"Jama'ar Kusada, yau za ku ga abin da ba a nuna wa kowa. Kun tuna yaron da ya yi kuka a sharo? To ku buɗe ido ku ga wanda ya sa shi kukan!"

Hoto ya fito. Ga Hamma zaune a saiwar kuka, da rigarsa a jiki, ba sanda ba makaɗa. Ga wani riƙe da allo mai ƙyalli. Ga Ɗanmaliki da kansa ya shigo cikin hoton, ya kama haɓar Hamma ya juya ta, ya nuna allon da yatsa, ya fita. Haske ya dalle fuskar. Hamma ya kafe ido. Muna kallo idon ya kaɗa, ya cika, ya zubo.

"Kun gani? Babu mai dukan shi! Sandar da hantsi, hawayen da azahar. Ni na haɗa su, da reza da wannan kan nawa. To wa ya ce inji ke aiki?"

Ya tsaya yana jiran tafi. Ba ka jin komai sai janareta. Daɗin da na ji a wannan shirun, Allah ya yafe mini, ban taɓa jin irinsa ba.

Sai na ji ƙarar sanduna, samarin rugage sun miƙe. Ɗanmaliki ya waiga hagu ya waiga dama, murmushinsa ya fara tsinkewa. Baffa Manu ya ɗaga hannu, kowa ya tsaya. Ya taka a hankali har gabansa, ya sauke rawani daga bakinsa.

"Ɗana ka buga," in ji shi, ba tare da ɗaga murya ba. "A wurinmu wanda ya buga yana tsayawa a rama. Shekara ukku ba ka tsaya ba."

"Baba, ai fim ne, wasa ne kawai..."

"Kowa ya aje sanda. Ba da sanda ya buge shi ba." Baffa ya juya wurin mai injin. "Juyo mashi fitilar."

Mai injin ya dubi sandunan nan, ya juyo ta. Haske ya bar ƙyalle ya sauka a fuskar Ɗanmaliki. Ya kai hannu zai kare, samari suka yi gyaran murya, ya sauke. Idonsa na ta yawo cikin mata, ni yake nema in cece shi. Ni da ko sunan namiji ban taɓa ɗagawa a taro ba, na tashi, kwabbaina na ƙara, na ratsa har inda zai ji ni sosai.

"Kalli nan," na ce. "Kada ka kifta."

A nan ya gane. Na ga lokacin da abin ya faɗo masa. Hamma ya daɗe kafin nasa ya zubo, shi ko ƙirga ashirin ba a yi ba ruwa ya wanke masa fuska har kan shaddar. Wata tsohuwa ta ce, "Ayya, namiji ya karaya!" Kasuwa ta kece da dariya, ni ma na yi, na yi har da riƙe ciki. Ramuwar gayya ta fi ta gayya zafi, kuma ban ji tausayinsa ko na ƙwayar zarra ba.

Da a nan aka tashi, da na kwana ina mai nasara. Sai wata murya ta fito daga bayan mata. Goggo Hawwa'u ce.

"A nuna mani Bube. Na gaskiyar. A nuna mani ɗana."

Mata suka kama baki, don ba a taɓa jin sunan nan daga gare ta ba. Mai injin ya lalubo ɗaya naɗin a gwangwani, ya mayar da haske kan ƙyalle. Ga filin sharo, ba yanka ba liƙi. Ga Hamma ya ɗaga hannu da madubinsa. Na ce wa kaina yau kam sai na gani, na buɗe ido tar.

Tsumagiya ta sauka. Ko gira bai ɗaga ba. Kasuwa ta ɗauki guɗa, guɗar da ta makara da shekara uku, Baffa Manu ya mayar da rawani ya rufe fuska. Amma ni wani abu na gani da ba wanda ya kula da shi. Madubin nan ba fuskarsa yake kallo ba. Ya karkatar da shi ta saman kafaɗarsa, yana leƙen bayansa. A bayansa kuwa, a gefen hoton, ga wata mai farar riga da jan zare, ta dunƙule fuska cikin hannu. Aka sake bugu, ya sake karkata madubin. Aka yi na uku, ya sake. Duk ukun ni yake nema, duk ukun tafukan hannuna ya samu.

Ashe da ya tsaya a kaina ina tatsa, ya san ban gani ba. Ba shaida ya zo nema ba. So yake ya ji ko zan yarda da shi ba tare da na gani ba.

Ana ta guɗa ina tsaye kamar an dasa ni. Ban san lokacin da Fijo ta bar kasuwar ba.

Kada in yi muku ƙarya, ban karya Ɗanmaliki ba. Ya koma Kaduna ya ci gaba da hawa, ya yi wasanni, ya yi fina-finai, da aka shiga zamanin kaset ya koma Kano ya yaye yara da yawa. Abu ɗaya na sani, bai sake kafa na'ura a ƙasar Kusada ba, kuma in ya zo Kankia gaisuwa ba ya sauka a tasha. Inno ta mayar masa da rediyonsa da atamfarsa, ta yi wata guda ba ta yi mini magana mai daɗi ba. Daga baya na auri Malam Dauda, malamin dabbobi, mutumin kirki, Allah ya jiƙansa.

Baffa Manu ya tashi manzo takanas ya bi sawun Hamma, a gaya masa sunansa ya wanku, ya dawo gida. Wata biyu manzon ya yi. Ya same shi can kudu da mata da ɗa guda. Ya ce a gaida Baffa da Goggo, shi dama ya san bai yi kuka ba. Manzon ya gama da manya, sannan ya same ni a bakin rijiya, ya ciro wani abu a aljihu naɗe da tsumma. Madubin ne.

"Ya ce in ba ki. Ya ce a ce wa Mairama ta buɗe ido, an gama bugun."

Bai dawo ba har ya rasu. Madubin yana nan cikin akwatina, bayansa duk ya ci tsatsa.

To, jiya da safe na sa tabarau na rubuta wa Rahamatu amsa, harafi ɗaya-ɗaya:

"Ɗiyata, ku zo ranar Laraba. Zan yi magana a kan babanki, har abin da bai gaya maku ba, kuma zan yi a kan kaina. Sharaɗina biyu. Ku zo da shi ya zauna a gabana. Kuma abin da na faɗa ba a yanka, ba a liƙi."

Ta karanta nan take. Na ga alamar tana rubutu, ta tsaya, ta sake farawa, ta tsaya. Sai da la'asar saƙon ya shigo: "Mama, na karanta wa Baba. Ya ce a tambaye ki, wai da fitila za a yi?"

Na ce mata a'a, rana ma ta isa. Na ciro 'yar rigar saƙin na wanke, ga ta can a igiya, ko hannuna ɗaya ba za ta shiga ba yanzu. A cinyata zan ɗora ta, da madubin a kai. Wannan karon duk abin da za a yi, idona biyu za a yi shi.